Ban-ruwan Mai Sikeli

Shekara goma sha ɗaya rumfata ta faci tana kallon tagar Mai Sikeli, saboda haka abin da zan faɗa a kansa ba a bakin wani na ji shi ba. Aikinsa auna manyan motoci a ƙofar wata ma'ajiyar kaya da ke bayan gari. Mota ta hau ƙarfen sikeli da lodinta, ya duba lamba ya rubuta. Ta sauke ta dawo wayam, ya sake rubutawa. Ɗakin aikin bai fi taku uku ba: kujera da aka ɗaure ƙafarta ɗaya da waya, fanka, da tagar da direbobi ke miƙo takarda. Tsakanin mota da mota akan yi awa biyu ba kowa. Shi kuwa dogo ne mai ƙarancin magana, ko gaisuwa sai ya auna ta kafin ya bayar.

Matarsa tana koyar da Turanci a firamare, kowa Malama yake ce mata, har shi. Allah bai ba su haihuwa ba. Da ciwon ƙoda ya kwantar da ita, ƙaninta mai gyaran waya, wanda Mai Sikeli ke kira Injiniya don tsokana, ya kawo mata wata tsohuwar na'urar wasa ta hannu, wai ta rage mata tsawon yini. A Japan aka yi wasan da ke ciki, kuma masu shi ba su taɓa fitar da shi da wani harshe ba. Wasu masu sha'awarsa ne, da ba su san juna ido da ido ba, suka haɗu a intanet suna juya shi zuwa Turanci kyauta a lokacin hutunsu. Injiniya ya sauko da aikinsu ya ɗora a katin na'urar.

Labarin wata yarinya ne mai raba wasiƙu a wani tsibiri, tana da ɗan lambun tumatir a bayan gidanta. A ƙasan jakarta akwai wasiƙa guda wadda mai ita ba ta tsibirin. An ce za ta zo a jirgin ruwa. Kullum Mai Sikeli ya taso aiki da yamma sai ya ja kujera bakin gado, Malama tana karantawa tana juya masa da Hausa, tana kwaikwayon muryar kowa. Ya taɓa gaya mini cewa a shekarunsu ashirin tare ba su yi hira mai yawan ta waɗannan watanni ba.

Wata rana yarinyar ta isa tashar jirgi, tsohon da ke gadin wurin ya buɗe baki, sai rubutu ya rikiɗe ya koma na Japan. Nan masu fassarar suka tsaya. Malama ta ce ba za ta ci gaba a makance ba, za ta jira su. Hannuwanta sun soma kumbura a lokacin, don haka ta koya masa abu ɗaya: ya fita da yarinyar ta ƙofar baya, ya ba shuka ruwa, sannan ya kwantar da ita a gado, domin sai ta yi barci na'urar ke adana abin da aka yi.

"Maigida," in ji ta, "kada ka bar mini tumatir ya bushe. In sun gama, ka kai wasiƙar nan, ka ji mini abin da ke ciki."

Bayan wata biyu ta rasu.

Daga nan ya koma zuwa da na'urar wurin aiki, a naɗe cikin hankicinta. Kowace safiya, kafin motar farko, zan hango shi ya sunkuya a bakin taga kamar minti biyar. Ya ba shuka ruwa, ya kwantar da yarinya, ya kashe, ya naɗe. Ko tashar jirgin bai sake leƙawa ba, tunda bai ga amfanin tsayawa gaban mutumin da ba ya jin yarensa ba. Direbobi suka gano, suka sa shi gaba. Wani mai tirela kullum sai ya tambaye shi ko yau ya ci ko an cinye shi, wani ya ce a kawo wa Baba Sikeli alewa tunda ya koma yaro. Shi dai sai ya miƙa musu takarda. Shekara uku ana haka, ban san ranar da ya tsallake ba, har ranar da zazzaɓi ya sa shi zuwa da bargo.

Ran nan da hantsi Injiniya ya faka babur a gaban rumfata, ya ce in zo in yi shaida, an gama fassara. Mai Sikeli ya ce wa zai yarda da injiniyan da takardar shaidarsa ba ta wuce sukurdireba ba. Injiniya ya ce ai gara shi da mai kallon lamba yana kwafa. Duk da haka, da Mai Sikeli ya miƙa katin, sau uku yana tambaya ko lambun zai taɓu. Aka ce ba zai taɓu ba, bai kuma taɓu ba.

Ya kai yarinyar tasha da kansa. Wannan karon tsohon ya yi magana da Turanci, Injiniya ya soma karantawa da ƙarfi, sai muryarsa ta yi ƙasa, ya tsaya.

"Karanta mana," in ji Mai Sikeli.

"Yaya, cewa ya yi jirgin sau ɗaya yake zuwa, a ƙarshen shekarar farko. Ya ce ya zo, wata mata ta sauka ta jira har yamma, ba wanda ya zo mata, ta koma."

Sai Injiniya ya nuna masa wata 'yar lamba a kusurwar gilashin na'urar, wadda shi mai aikin duba lamba bai taɓa kula da ita ba. Duk kwanciyar da yake sa yarinyar, kwana ɗaya ke wucewa a tsibirin, kuma shekarar can gajera ce. Suna cikin shekara ta goma. Da ya jefa na'urar a akwati ya manta da ita, da jirgin yana nan tafe.

Wata mota ta hau ƙarfe tana ta oda, Mai Sikeli ya auna ta, ya dawo ya zauna. Injiniya ya ce akwai waɗanda suka ɗauki ƙarshen wasan a bidiyo, minti goma sun gani a waya. Mai Sikeli ya ƙi, ya ce cewa aka yi ya kai wasiƙa, ba a ce ya kalli wani yana kaiwa ba. To sai a fara daga farko, in ji Injiniya, amma ajiya ɗaya katin yake ɗauka, sabuwa za ta shafe ta Malama. Sai dai a kwafe tata a jefa a durowa. Mai Sikeli ya tambaye shi wa zai ba ta ruwa a durowa.

A ƙarshe kati na biyu aka saya. Turancin Mai Sikeli bai wuce na takardar lodi ba, saboda haka ya ɗauko ƙamus ɗin Malama mai yagaggen bango ya ajiye kusa da littafin awo. Magana ɗaya ta mutanen tsibirin takan ci masa rabin awa. Wani wuri masu fassarar sun bar bayani a ƙasa cewa su ma ba su tabbatar da ma'anar ba, wannan ya sa ya ji sun kwanta masa. Ya ce mutumin da ke faɗin inda sikelinsa ke da shakka, a yarda da awonsa. A wannan karon yana ƙirga kwanakin yarinyar a bayan tsohuwar takarda.

Wata takwas ya ɗauka. Ranar da jirgin ya iso da azahar ne, babu mota ko ɗaya a fili. Ina cikin cire taya na ji murya daga tagarsa, na ɗauka kirana yake, na matsa. Ashe ba da ni yake ba. Wasiƙar yake juyawa da Hausa a bayyane, kalma bayan kalma, yana duba ƙamus. Wani ne ya rubuta wa 'yar'uwarsa cewa ya gyara rufin ɗakinta, ba ya yoyo yanzu, in ta ga dama ta dawo gida. Iyakar abin da ke ciki ke nan. Ya maimaita shi sau biyu, ya ɗan saurara, fanka tana juyawa.

Na koma kan tayata. Washegari da safe na hango shi ya zare sabon katin ya sa a aljihu, ya mayar da na Malama, ya sunkuya yana ba tumatir ruwa.