Inji na Uku

Sunan Injiniya da ake kiransa da shi, da tsokana aka fara shi. Bai taɓa leƙa ajin da ake koyar da injiniyanci ba. Mai gyaran rediyo ne, shekara goma sha bakwai a wani ɗan shago tsakanin tela da mai faci. Abin da Allah ya ba shi kunne ne. Zai ɗora bakin sukudireba a jikin abu, ya kara ƙotarta a kunnensa, ya gaya maka inda ciwon yake. Sai dai mutum ne da zama ba ya karɓarsa. Ko abinci yake ci ƙafarsa na rawa, ko hira ake idonsa na kan ƙofa.

Da kayan China suka cika kasuwa, rediyo ta zama abin da in ta lalace a jefar a sayi wata. Injiniya ya yi wata shida yana kallon titi, sannan ya rufe shagon. Ya taɓa gyaran janareta, ya taɓa injin niƙa, ya taɓa agogon bango, babu wanda ya riƙe shi. Ana cikin haka wani kamfanin 'yan China ya zo gina gidan ruwa a bakin kogi. Ya je neman aikin haƙa, ya tarar da su sun zagaye wani inji da ke tari. Ya kara sukudirebarsa, ya nuna musu wurin. Washegari aka ba shi hular kwano.

Shugabansu a ɗakin injuna wani dattijo ne da ma'aikata suka sa wa suna Mai Kwalba, don duk inda za shi yana riƙe da kwalbar shayi, ganye na yawo a ciki. Shekara uku suka yi tare. Mai Kwalba ba ya jin Hausa, Injiniya ba ya jin Sinanci, tafintan kamfani kuma ba kullum yake nan ba. Da yatsa suke magana, da tafi, da harara.

A nan ne halin Injiniya ya yi masa illa. A gidan da ya tashi, ba a sa babba ya maimaita magana. Mahaifinsa kafinta ne mai zafin hannu, in ya nuna maka abu sau ɗaya ka ce to, sauran ka je ka gano da kanka. Haka ya girma da wannan ɗabi'a. Duk lokacin da Mai Kwalba ya tsaya gaban allon da ke sarrafa injuna, yatsunsa suka yi tsalle-tsalle a kan rubutun da Injiniya ke gani kamar sawun kaji, ya waiwayo ya ɗaga gira, sai Injiniya ya gyaɗa kai. Ladabi yake yi. Shi kuwa dattijon ya ɗauka ya samu ɗalibin da bai taɓa samun irinsa ba.

Injuna uku ne a ɗakin. Na ɗaya ya jawo ruwa daga kogi, na biyu ya tura shi cikin gari, na uku ya hau da shi unguwar kan tudu. In wuta ta ɗauke ta dawo, dole a tashe su bi da bi, na ukun kuma a buɗe masa hanya kaɗan-kaɗan. In aka yi masa garaje, babban bututu ya fashe. Injiniya ya taɓa ganin haka lokacin gwaji, sai da aka yi wata biyu ana jiran wani bututun daga China. A kan tudun nan gidansa yake. Kafin ruwa ya hau can, matarsa ta yi shekara ashirin tana ɗauko shi daga kwari, har yau in ta juya wuya sai ta runtse ido.

Ranar da tafinta ya tara ma'aikata ya ce aikin kamfani ya ƙare, saura kwana goma sha biyu su tafi, kuma Mai Kwalba ya zaɓi Injiniya ya riƙe makullan ɗakin, kowa ya tafa. Injiniya ma ya tafa.

Kwanakin nan bai zauna ba. Ya share ɗakin injuna sau uku a wuni. Ya ɗauki hoton allon da wayarsa, wayar ta fassara masa wani abu game da ƙofar kifi. Ya yi ta addu'a wuta ta ɗauke don ya ƙara kallon yatsun dattijon, wutar da kullum sai ta ɗauke kuma ta ƙi ƙiftawa. Sau biyu ya bi Mai Kwalba har bakin ofis, ya buɗe baki, sai ya ƙare da tambayar ko a ƙaro masa ruwan zafi. Kunya ce ta riƙe masa harshe, kuma ni dai ban ga amfanin kunyar da za ta bar unguwa guda da ƙishi ba.

Saura kwana biyu, ya dawo gida da yamma ya tarar da matarsa ta fito da tsofaffin jarkoki daga bayan ɗaki tana wanke su. A gefe ga gammo, ta naɗe shi tsaf.

"Maman 'yan biyu, wannan kuma na mene ne? Famfo ba ya zuba ne?"

"Yana zuba, Alhamdulillahi."

"To?"

"Maigida, shekara ashirin da biyar ina jin 'to' ɗinka. Na san wadda ka gane, na san wadda kake so a rabu da kai. Wadda ka yi ranar da aka ce za a ba ka makulli, daga bakin maƙwabta ma na ji irinta." Ta kife jarka a jikin bango. "Ba faɗa nake yi ba. Shiri nake yi."

Bai iya cin abinci ba. Maganar ta yi masa zafi fiye da zagi, don babu inda zai kama ya ce ƙarya ce.

Ranar tafiya, mota na tsaye a ƙofa an loda akwatuna, ma'aikata sun jeru. Mai Kwalba ya miƙo makullai, ya nuna allon, ya ɗaga gira kamar yadda ya saba. Injiniya ya ji wuyansa zai gyaɗa da kansa. Ya danne shi, ya girgiza kai.

"Gaya masa ban gane ba," ya ce wa tafinta. "Tun farko ban gane ba. Shekara ukun nan duk ladabi nake yi masa."

Tafinta ya faɗa. Fuskar dattijon ta yi ja, ya yi magana mai tsawo da ƙarfi, tafinta ya ce wannan ba sai ya fassara ba. Sannan Mai Kwalba ya ajiye kwalbarsa a kan taga, ya taka zuwa babban makunni ya kashe wutar ɗakin gaba ɗaya, ya mai da ita. Ya harɗe hannuwa a baya, ya nuna allon da haɓa.

Awa uku suka samu kafin lokacin jirgi. Injiniya ya yayyanka tef na wayoyi, irin wanda yake aiki da shi tun zamanin rediyo, yana liƙawa a gefen allo: ja nan, baƙi nan, shuɗi nan. Duk inda bai gane ba ya girgiza kai, har wuyan ya saba. Na ɗaya ya zauna masa. Na biyu ya zauna masa. Suna tsakiyar na uku direba ya shiga danna oda ba ƙaƙƙautawa. Mai Kwalba ya nuna masa sau ɗaya da sauri, ya tsaya ya dube shi, sannan ya zaro sukudirebar daga aljihun Injiniya, ya ƙwanƙwasa bututun da ita, ya ja kunnen kansa. Ya fita, ya mance kwalbar a taga.

Kwana huɗu bayan nan wuta ta ɗauke da tsakar rana, ta dawo. Injiniya ya tashi na ɗaya, ya tashi na biyu. A gaban na uku ya tsaya gumi na bin bayansa, alamomin tef ɗinsa sun ƙare a rabin hanya. Ya ɗora sukudireba a kan bututu, ya kara kunne, ya taɓa allon kaɗan. Ƙarfen ya yi gurnani, ya janye yatsa. Ya jira har gurnanin ya kwanta, ya ƙara. Abin da dattijon ke yi a minti biyu, shi sai da ya kai kusan awa.

Bai yarda da allurar da ke nuna ruwa ya hau ba. Ya hau kekensa ya haura tudu, a tsaye a kan feda. Ya tarar da matarsa a gaban famfo, jarka a ƙasa, gammo a hannu. Famfon ya yi tari sau biyu, ya tofar da ruwa ja, sannan fari ya biyo.

"Wannan karon ka gane ke nan," ta ce.

"Biyu da rabi na gane," ya ce yana haki. "Sauran rabin da kunne na lalubo shi. Kar ki yar da jarkokin tukuna."

Ta dube shi, ta warware gammon, ta miƙa masa ya goge fuska.