Shirun Bafaranshiya da nawa shirun

Minti goma cur wata mata a allon silima tana zaune a bakin taga tana kallon kofin shayi, ba ta ce uffan ba. Ni kuwa ina ta jiran a fara fim.

Anti Hadiza, ƙanwar Mama, ce ta ɗauko ni daga gidanmu a garin Gaithersburg zuwa wani ƙaramin silima a Washington, wai in ga gwanar 'yan wasan Faransa.

Ta raɗa min, "Kin gani ko? Da shirun nan take cin lambobin yabo."

Ita dai Antin ce ta kira ni gunki a gaban baƙi ranar Lahadi, don na gaishe su na kasa ƙara komai.

Na daure na ce, "Anti, ai irin shiruna ne. Ni har ruwa na kawo musu, ita ko shayin ba ta sha ba."

Ta ce, "Ke, yi mana shiru, ana kallo."

Na yi. Ba wanda ya tafa min.

Masana fim, a ina ake karɓar lambar? Ina da shirun shekara goma sha huɗu a ajiye.