Giccen da Mode Ya Sassaƙa

Filin ƙwallon Boɗinga ya sha ƙafafu iri-iri, amma kafin ƙafar ɗan wasa ta taka shi, hannun Mode masassaƙi ya riga ya taɓa shi.

Mode mai sassaƙa turmi ne da taɓarya da ƙotar fartanya. Ranar kasuwa yakan zauna a gindin gawo, gizago a kafaɗa, magana kaɗan. Kowa ya san shi mutumin Lambara ne, alhali ba haka ba ne. A Satiru aka yanke masa cibiya, garin da ya yi wa Turawa tawaye aka ƙone shi ƙurmus. Uwarsa ta fito da shi cikin hayaƙi, ta toshe masa baki da gefen zanenta, ta ce sunan garin nan kada ya sake hawa harshensa. Ya girma, ya yi gemu, tsoron ya girma tare da shi. Matarsa Laraba kaɗai ta sani.

Wata shekara bayan an cire gero, aka kawo 'yan sarƙa, wato fursunoni, daga Sakkwato suka share wata saura a bayan makarantar elimantare. Suka tumɓuke sabara, suka daddaɓe ƙasa, suka ja layuka da toka. Ba wanda ya faɗa wa talaka dalili. Da hantsi sai ga Sodangi, dogarin hakimi, a ƙofar Mode. Ya zana abu a ƙasa da kan kulkinsa: gungume biyu a tsaye, ɗaya a gicciye bisa kansu.

"Irin wanga biyu Bature ka so," in ji Sodangi. "Guda gabas ga hili, guda yamma. Tsawo shi wuce mutum."

"Shi wuce mutum?" Mode ya ce. "Na mi na, yallaɓai?"

"Kai dai sassaƙa. In ka son dalili, tahi ka tambayi Bature da bakinka."

Mode ya dubi zanen. Ya taɓa jin wani da ya yi zaman gidan yari yana kwatanta inda Turawa ke rataye mutane. Biyu a tsaye, ɗaya a gicciye. Kafin azahar zancen ya gama kasuwa. Wani tela ya rantse guda na rataye maza ne, guda na mata. Wani mai albasa ya ce ai tsofaffin laifuka za a tono, don Bature ba ya mantuwa.

"Mu tahi Shagari wurin kawuna," Laraba ta ce, tana ɗaure tsummokaranta.

"In mun gudu, mun hwaɗi da kanmu ke nan," in ji Mode. "Kuma wani za a sa shi sassaƙa. Shi kau da icce mai ƙarhi za shi yi."

Nan dabara ta zo masa, irin dabarar mai tsoro. Gungumen tsaye ya yi su da ƙirya, itacen da gara ke tsoro. Na gicciye kuwa ya nemo rimi, mai laushi kamar rogo, ya turara shi a hayaƙi ya shafe da mai har ya yi duhu irin na ƙirya. Ya tsaga cikinsa ta tsakiya, ya liƙe tsagar da ƙaro da laka. Ko shi aka ɗora, ko Laraba, ko wani bawan Allah, giccen ba zai ɗauki nauyin mutum ba. Yana aiki yana salati, kowace sara kamar a wuyansa take sauka.

Ranar da aka sa, sankira mai shela ya zaga gari ya ce kowa ya fito bayan la'asar. Mutane suka jeru a bayan layin toka. Mata suka tsaya daga nesa da 'ya'ya a goye. Hakimi ya zauna, Baturen makaranta ya zauna kusa da shi, 'yan doka suka tsaya ƙiƙam. Mode ya duba ko'ina bai ga igiya ba. Ya ce a ransa, a ƙarshe za a kawo ta.

Aka busa usur. Mode ya jira a fito da masu laifi. Sai ga 'yan makaranta da malamansu sun shigo da gajerun wanduna, suna bin wata dunƙulalliyar fata da shuri. Wani dogon malami mai suna Attahiru ya je ya tsaya a ƙarƙashin giccen gabas, da ƙafarsa, ba wanda ya ja shi. Jama'a suka dubi juna. Wata tsohuwa ta ce, "Wanga shi na hukuncin? A hana ma yara takalmi a sa su shurin tulu?" Dariya ta fara tsiyaya kaɗan-kaɗan, kamar ruwan farko a kan jinka.

Mode bai samu ya yi tasa dariyar ba. Ƙwallo ta taso sama, Malam Attahiru ya yi tsalle ya ture ta, ya kama giccen da hannu biyu yana lilo don burge jama'a. Rimi ya ce ƙaras. Malam ya faɗo da baya, rabin gungume a ƙirjinsa, laka da ƙaro suka watsu a fili.

"Ina masassaƙi?" Sodangi ya daka tsawa.

Aka tura Mode gaba. Ya zube, ya ɗebi ƙasa ya zuba a ka. "Ranka shi daɗe, Allah shi ba ka nasara." Bature ya ɗauki guntun itacen, ya nutsa farcensa a ciki, ya yi magana. Tafinta ya juya:

"Ya ce kai mutumin ina na, da ba ka san icce ba?"

Sunan da ya yi shekaru a ɗaure ya taso har maƙogwaronsa. Ya ji ƙaurin hayaƙin nan, ya ji zanen uwarsa a bakinsa.

"Lambara," ya ce.

Bature bai ma jira amsar ba. Ya riga ya juya yana duban Malam Attahiru da ya miƙe yana kakkaɓe wando. Hukuncin da aka yanke shi ne, tunda Mode ne ya ɓata aikin, shi zai riƙa gyarawa. Daga ranar ya zama mai kula da fili: ya cire ƙaya, ya ja layi da toka, ya kori awaki.

Ya tsufa a wannan aiki. Ya ga an sa raga, ya ga 'yan Shagari sun zo an doke su, sun dawo sun rama. Amma bai taɓa bi ta ƙarƙashin gicce ba, zagayawa yake yi. Masu tsaron gida sun yi ta ƙorafi cewa katakon Baba Mode ba ya jure damina, sai ya ce gara ce. Laraba kaɗai ta san abin da yake nema duk shekara idan ya saɓa gatari ya nufi fadama, wurin rimaye.