Ƙafar Kofur

Ko zan manta komai, ba zan manta zuwan 'yan talabijin gidanmu na haya a Makera ba, a farkon shekarun tamanin. Lokacin ina gadi a masaƙa. Ɗakina na kallon na wani ɗan Filato da muke kira Kofur. Tare muka yi yaƙin basasa, ni ina saja, kuma ni na goyo shi ranar da nakiya ta cire masa ƙafar dama.

Aka ce suna haɗa shirin tarihin yaƙi, suna neman tsofaffin sojoji. Burina ɗaya ne, 'ya'yana su gan ni a akwatin, su san ubansu ba da buɗe get ya fara ba. Na ci babbar rigar Sallah, na kafa hula. Ashe kaki suke so, ni kuwa nawa tuni uwargida ta yanka wa yara wandon makaranta. Kofur ya fito da tsohon kakinsa, ya naɗe ƙafar wandon da fil, yana dogara sanda. Mai kyamara na ganinsa ya ce, "Yauwa, wannan muke nema! Alhaji, ɗan matsa gefe, kana tare haske."

Alhaji! Ni da na yi wa mutum talatin fareti! Wallahi hassada ta cika ni har wuya. Na koma ɗaki, ko tuwo ban ci ba.

Ranar da aka nuna shirin, duk gidan muka taru a ɗakin wani tela mai talabijin. Ga Kofur ya cika gilashi, yara na ihu, har da nawa. Ya ce, "Aka goyo ni har bakin titi." Daga nan aka sako kiɗa. Aka goyo shi! Wa ya goyo shi, aljani?

Da aka watse na tare shi a bakin famfo. Ya ce, "Oga, na faɗi sunanka, na maimaita. Su suka yanke."

Na ce, "Ai ka more. Ƙafa ɗaya ta kai ka inda biyu ba su kai ni ba."

Ya dube ni. Sai ya miƙo mini sandarsa, ya tsaya yana tangaɗi, ya dafa bango.

"Karɓi, Oga, haɗa da talabijin ɗin. Ba ni ƙafar in je in ɗebo ruwana da kaina."

Bokitinsa na gefe, babu komai a ciki. Na ɗauka na tara masa ruwa.

Kofur ya daɗe da rasuwa, 'ya'yana kuma daga bakinsa suka ji wanda ya goyo shi. Tun ranar na koyi cewa kafin ka yi ƙyashin abin da mutum ya samu, ka tambayi abin da ya rasa kafin ya same shi.