Aling Nieves, Mai Ƙirga Taku a Cikin Ganuwa

Kafin ƙarfe bakwai na safe Aling Nieves Arcilla ta sauko daga motar haya ta jifni a bakin ganuwa, laima a hammata, burodin pandesal biyu a jaka. Ɗaya nata ne. Ɗayan na dokin Mang Ambo ne, mai keken dokin da ke tsayawa gaban cocin San Agustin, wanda kullum sai ya yi ƙorafin cewa shekara talatin ana ciyar da doki ana barin mai doki da yunwa. Sai ta zauna a dakalin coci, ta murza gwiwoyinta da man zafi, ta jira baƙinta masu yawon buɗe ido. Ba su cika wuce takwas ba, mutanen Sifen da Meziko, wani lokaci malaman makaranta daga Ajantina. Shekara talatin da takwas ke nan tana zagayawa da irinsu cikin tsohon garin Manila, a ƙafa, da Sifaniyancin da ta tsotsa a nonon uwa. Asabar mai zuwa za ta ajiye aikin, kuma bai kamata irinta ta tafi shiru ba.

Masu jagorar baƙi sun yi yawa a cikin ganuwa, da 'yan tutocinsu da lasifikarsu. Su nuna maka igwa da kurkuku, ka ɗauki hoto, ka kama gabanka. Ita kuwa abin da babu shi take nunawa. Za ta tsayar da mutane a wurin ajiye motoci ta ce nan ne gidan burodin wani Basine da ke ba yara ƙonannen gefe kyauta. Za ta nuna bangon sito ta ce nan wata malama ke koyar da fiyano da taga a buɗe, har masu wanki suka haddace waƙoƙin. Kafin ta gama, mutum ya manta da motoci yake kallo.

Yaƙin 1945 kusan bai bar komai tsaye ba sai cocin nan. Mahaifiyarta, Doña Amparo, tela ce da ta ɗinka wa rabin garin rigunan aure da na baftisma, ta san kowace ƙofa. Nieves na shekara bakwai uwar ta fara riƙe hannunta duk Lahadi bayan addu'a, su tashi daga ƙofar coci, uwar na taku 'yar na ƙirgawa, cikin kangaye da ciyawa. Ɗari da sha biyu, gidan burodi. Ɗari biyu da biyar a juya hagu, gidan fiyano. "Sun rusa bango, amma ba su ɗauke ƙasar ba," in ji uwar. "Ki ƙirga." Da Nieves ta girma ta ɗauko tsayin uwarta daidai, takunsu ya zo ɗaya. Gida saba'in da huɗu ta riƙe a haka, ba ta taɓa rubuta ko ɗaya ba. In an matsa mata ta ce takarda ai abincin ambaliya ce. Saboda haka tsohon garin nan a ƙafar mace ɗaya yake zaune, in ƙafar ta kuskure gidajen sun ɓata ke nan.

Ke ce, Aling Nieves, wadda ba a taɓa ji ta ƙirƙiro labarin fatalwa don baƙo ya ji daɗi ba. Ke ce wani baƙo mai ƙaton agogo ya ce wa, kai, zamanin mulkin Sifaniyawa zamanin daɗi ne, kika ja shi har inda masu wanki ke kwana a ƙarƙashin matakala, kika lissafa masa sunayensu ɗaya bayan ɗaya har ya cire hularsa. Aling Tasing mai shara ta gan ki ranar guguwa, ruwa har idon sawu, da baƙi biyu kacal, kika gama zagayen ba ki tsallake ƙofa ɗaya ba. Taurin kai gare ki, wannan kowa ya sani, kuma da shi kika riƙe mana garin.

To, shekara biyu da suka wuce gidajen suka fara tafiya. Mang Ambo ne ya fara lura. Gidan burodi da ke daidai sandar fitila ya dawo bakin kwalbati. Gidan fiyano ya matso wajen mai sayar da katin waya. Duk suna matsowa wajen coci, kaɗan-kaɗan. Ƙirgarta ba ta canza ba ko da ɗaya. Gwiwa ce ta gaji, taku ya gajarce, ita kuma ba ta sani ba.

"Sai ka gaya mata," Aling Tasing ta ce wa Mang Ambo.

"Ni? Ke da kike da tsintsiyar kare kai ba ki faɗa ba, sai ni?"

"Ai kai take ciyar wa doki."

"Shi ya sa. In ta yi fushi, ke za ki saya masa burodin?"

Suka yi dariya, amma ba tsoro ne ya rufe musu baki ba, tausayi ne. Sun ga baƙo ba ya asarar komai in gidan burodin da babu shi ya gusa da taku goma. Suka bar ta.

A watan Fabrairun bana wani tsoho ya zo daga Sifen, Don Fermín Urrutia, shekara tamanin da shida, da 'yarsa tana riƙe masa hannu. A cikin ganuwa aka haife shi. Yana shekara shida, ranar da wuta ta kama unguwarsu, mahaifiyarsa ta miƙa shi ga mai wankinsu ta ce su gudu, ita za ta ɗauko jaririya ta biyo su. Ba ta biyo su ba. Babu kabari, babu hoto. Ya ce ƙofar gidan kawai yake so, ya ajiye fure ya koma, don likita ya ce wannan ce tafiyarsa ta ƙarshe a jirgi.

"Gidan Urrutia," in ji Aling Nieves, ko tunani ba ta tsaya yi ba. "Ɗari uku da arba'in. Jaririyar Begoña ce sunanta. Mahaifiyata ce ta ɗinka mata rigar baftisma."

Tsohon ya kama hannunta.

Suka tashi daga ƙofar coci. Mang Ambo ya bi su a hankali da kekensa, wai ko tsohon zai gaji. Leɓenta na motsi tana ƙirgawa. A ɗari uku da arba'in ta tsaya cak, gaban wani shagon buga takardu, ta ce nan ne. Don Fermín ya saki hannun 'yarsa, ya durƙusa da ƙyar a kan siminti, ya fito da sarƙar furen sampagita da ya saya a bakin coci.

Mang Ambo ya ce bai san lokacin da ya diro daga keke ba. Ya matso kusa da ita, ya yi magana da harshen Tagalog don kada baƙi su ji.

"Aling Nieves, ba nan ba ne."

"Ambo, ka kiyaye ni. Koma wajen dokinka."

"Na rantse ba nan ba ne. Shekara ashirin da takwas ina kauce miki da kekena a ƙofar gidan Urrutia. Can gaba kike tsayawa, bayan famfon kashe gobara."

"Tun kana tsallen igiya nake ƙirga hanyar nan. Kai za ka koya mini?"

"Ƙirgarki daidai take. Ƙafar ce ta rage."

Ta dubi ƙafafunta. Ta ɗaga kai ta dubi famfon, can gaba da nisan da bai kamata ba. Aling Tasing na tsaye a tsallaken titi da tsintsiya, ta sunkuyar da kai. Nan take Aling Nieves ta gane ba yau abin ya fara ba, kuma kowa ya sani sai ita. Kunya ta rufe ta, irin wadda ke sa mutum ya ji zafi har a kunne.

Da ta yi shiru, babu wanda zai sani. Tsohon ya riga ya fara addu'a, jirginsa gobe ne, kuma siminti duk siminti ne. Amma ta sunkuya, da gwiwar nan tata, ta dafa kafaɗarsa, ta ce da Sifaniyanci yadda kowa zai ji, "Don Fermín, ka yi haƙuri ka tashi. Na yi kuskure. Ban kai ka gida ba tukuna."

Aka ɗaga shi. Mang Ambo ya wuce gaba, Aling Tasing ta tsallako, mai sayar da ruwan kwakwa ma ya bar kurarsa ya zo, kowa na faɗin inda ya saba ganinta a da. Suka ɗan yi musu a kan taku biyu, Aling Tasing ta ci, don ita ke share ganyen da ke taruwa a wurin. Taku arba'in da ɗaya aka ƙara. Tsohon ya tsaya ya duba dama da hagu, ya daɗe.

"Ban gane komai ba," ya ce. "Amma wadda ta iya tashe ni daga durƙuso don ta ce ta yi kuskure, na yarda da inda ta ajiye ni." Ya ajiye furen, ya kira sunan mahaifiyarsa da na ƙanwarsa, ya yi kukan da ya riƙe shekara tamanin.

Bayan an sa tsohon da 'yarsa a mota, Aling Nieves ta zauna a gefen titi. Akwai gida ɗaya da ba ta taɓa nuna wa baƙo ba. Duk yamma in ta sallami mutane, takan ƙirga ɗari biyar da ashirin ita kaɗai, ta tsaya inda shagon ɗinkin Doña Amparo yake a da, ta ce, "Mamá, na tashi aiki."

"Ambo," ta ce, ba ta dube shi ba. "Na mahaifiyata fa?"

Ya sosa ƙeya. "Taku sittin, ko fiye."

"To wa nake gaisarwa shekara biyun nan?"

"Turken wutar lantarki, Aling Nieves."

Ta yi dariya har ta share ido, daga nan dariyar ta ƙare idon bai bushe ba. Ta miƙa masa hannu ta ce ya kai ta. Ya kai ta har wurin, ya koma nesa ya ba ta baya. Aling Tasing da ta biyo su ce ta ji abin da ta ce: "Mamá, ki yafe mini. Kullum ina zuwa, ban dai ƙaraso ba."

Tun daga ranar, matar da ta ƙi takarda shekara saba'in ta sayi igiyar awo da littafi. Wata huɗu suna bin titi su uku, ita da Mang Ambo da Aling Tasing, ana musu ana aunawa, har gida saba'in da huɗun nan suka koma mazauninsu. An yi kwafi uku, ɗaya a saman kabad inda ambaliya ba ta kaiwa.

Mun gode, Aling Nieves, 'yar Doña Amparo tela. Mun gode da shekarun da kika ba mu, mun kuma fi gode miki da ranar da kika tashi dattijo daga durƙuso a gaban jama'a, kika zaɓi kunyarki a kan ki bar shi ya yi kuka a ƙofar da ba tasu ba. Allah ya sassauta wa gwiwar nan. Ku kuma da ke da tsoho a gida wanda ya san inda kowa ya zauna, ku riƙe hannunsa ku fita da shi wannan Lahadin. Kada ku bari sai baɗi, don baɗi ba zai kai ku har ƙofar ba.