Bakwai Ba Ya Tsayuwa da Ka

Kaka ce, an gama girbi ana ta ɗaurin dammuna. Shekarar ta zo mana da fuska biyu. Gero ya yi kyau, wake ya yi kyau, amma ruwan da ya cika rumbuna shi ne kuma ya kwantar da katangu. A unguwarmu, can bakin Gazawa inda gari ke ƙarewa gonaki su fara, da wuya ka ga gidan da damina ba ta bar wa tabo ba. Namu ɗaki biyu ne na ƙasa da rufin kwano, bangon gabas ya zaizaye har tubali ya fito fili. Na tara ƙasa a tsakar gida, na kwaɓa ta da ƙaiƙayi, na rufe da tsohuwar tabarma, ina jira ta kwana biyu in yi yaɓe.

Sai wanda ya yi zaman haya zai gane abin da ɗakunan nan biyu suke a wurina. Tun da muka baro ƙauye, sau huɗu na ɗora turmina a amalanken maigidana muka sake gida. Nan a ce ɗan mai gida zai yi aure yana son ɗaki, can a ce an sayar. Ban taɓa shuka ko barkono ba, don ban san wanda zai ci ba. Daga baya wani dattijo da maigidana ke yi wa dakon hatsi ya ce mu gina a gefen gonarsa. Da hannunmu muka buga tubalin. Ranar da muka tare na dasa zogale uku a bayan ɗaki, kuma a gindin na tsakiya aka binne cibiyar autata.

A lokacin ina cikin shekarata ta biyu a karatun manya. Bayan la'asar muke taruwa a rumfa, mata da goyo, kowa da kayenta, wato littafin rubutu, da bik, wato biro. Na iya baƙaƙe, na iya lambobi, ina haɗa kalma a hankali kamar mai tsintar tsakuwa a shinkafa. Malamarmu ta taɓa kawo mana wani ɗan littafi na Hausa a kan zaman talaka a manyan birane, yadda mutane ke gini a bakin gari ba takarda, da irin gidajen da hukuma kan gina wa masu ƙaramin ƙarfi. Akwai hoton gidaje a jere, duk iri ɗaya. Muka yi ta dariya muna tambaya ko yaya akuya za ta gane ƙofarsu. A wani shafin kuma akwai hoton katafila ta sa baki a bangon wani, mace na tsaye gefe da tukunya a hannu. Wannan ba mu yi masa dariya ba. Na daɗe ina kallon tukunyar.

Ana cikin haka masu awo suka zo. Kwana uku suna yawo da igiya da wani abu mai ƙafa uku da suke leƙawa. A ƙofar kowane gida suka kafa dutsen siminti, gajere, suka rubuta lamba da jan fenti a samansa. Da suka gama, mai unguwa ya tara mu ya yi bayani. Za a yanka unguwa, a fitar da tituna, a jawo famfo. Wanda aka tarar a gidansa zai zauna, har a ba shi takarda. Amma akwai gidajen da suka faɗa kan hanya, su za a ba su fili a wani wuri, can bayan kasuwar dabbobi. An liƙa lambobinsu a bangon buro, ofishin hukuma.

Maigidana yana da karatun allo, amma lambobin boko ba su shiga kansa ba. Babbar ɗiyarmu kuma a shekarar ta shiga lakol, makarantar boko, ƙirgarta ba ta wuce ashirin ba. Sai ya dube ni ya ce, “To, malama, yau ranarki ce. A karanta mana.”

Ba zan ɓoye ba, na ji daɗin hakan. Na ɗauko kayena, na tsaya a bakin ƙofa, na sunkuya kan dutsen. Takwas, sannan tara. Na rubuta da kyau, na ce masa tamanin da tara.

Washegari na yafa mayafi na tafi buro. Takardar da aka liƙa da faransanci take, ban gane ko kalma ɗaya ba, amma lambobi ba su da yare. Na bi su da yatsa daga sama. A layi na uku na ga tamanin da tara. Na duba kayena, na duba bango, na sake dubawa. Akwai ma'aikaci zaune daga ciki, ƙofa a buɗe, sai dai kunya ta hana ni shiga. Me zan tambaya? Ai na karanta da idona.

Da na faɗa wa maigidana, ya ƙarasa alwalarsa. Sannan ya ce, “Allah ya sa haka ya fi alheri.” Maƙwabtan da suka ji sun yi mamaki, don gidanmu shi ne na ƙarshe a jeri, daga mu sai gona. Wani ya ce yaya hanya za ta tsallake kowa ta zo kanmu? Maigidana ya ce hanyar hukuma ita ta san inda take lanƙwasa. Ni ma abin ya tsaya mini a rai, amma na fi yarda da idona.

Daga ranar na daina leƙa ƙasar yaɓe. Ta bushe a ƙarƙashin tabarma, ta tsage. Na daina ba zogale ruwan wanke-wanke. Ko karatu na daina zuwa, na aika a ce wa malama goyo ba ya jin daɗi. Shi kuwa maigida ya yanke shawara ba zai jira katafila ba. Kwanon rufi da azara da ƙyauren ƙarfe su ne abin da za mu iya tsira da shi, gara ya cire su da hannunsa lafiya lau kafin a murƙushe su. Ya samo mana ɗaki ɗaya na haya a cikin gari, ya ce ranar Asabar zai sauke rufi. Na sani in aka ɗaye rufin ɗakin ƙasa, ɗakin ya mutu ke nan, ko katafila ta zo ko ba ta zo ba.

Ranar Alhamis da hantsi ya fara da ƙyaure. Ina jin ƙarar gudumarsa na ja akuyata na nufi gidan maƙwabciyarmu, don ɗakin hayar ba wurin dabba. Tsohuwa ce, mijinta ya rasu, ɗiyanta suna ci-rani a Najeriya, kowa a unguwa Inna yake ce mata. Tun ranar da aka kafa duwatsu ta rantse ba mai karanta mata nata. Ta ce in za a rushe, a rushe da ita a ciki, ba ta son labari tun kafin ranarsa. Ta ɗauki kaskon ruwan kajinta ta ɗora a kan dutsen, shi ke nan.

Na tarar da ita a zaure tana ɓarzar gyaɗa.

“A'a, madam lakol! Yau ba karatu, kiwo ake yi?”

“Inna, amana na kawo miki. Ki riƙe mini ita har mu ga abin da Allah zai yi.”

“Wannan mai cin zanen mutane? Ranar nan saura kaɗan ta bar ni tsirara a kan igiya.” Ta karɓi igiyar duk da haka. Ta dube ni, ta rage murya. “Ke ɗiyar nan, kin rame. Gida ne fa, ba rai ba.”

Na ce haka ne. 

Ta rako ni bakin ƙofa. Nan ta ga kaji sun bar kasko ba ruwa, ta sunkuya ta ɗauke shi tana yi musu faɗa. Idona ya faɗa kan dutsen ba da niyya ba. Ina tsaye daga cikin ƙofa, daidai yadda na tsaya a tawa. Na ga tara a dama. Amma abin da ke hagu ba lamba ba ce. Wani abu ne kamar fartanya da aka jingine, ƙotarta sama. Duk lambobin da malama ta koya mana babu mai wannan kama.

“Kar ki karanta mini!” in ji Inna. “Na ce ba na so.”

“Ba ta ma karantuwa, Inna.”

Na fita na zagaya ta wajen hanya don in wuce gida, na sake waiwayen dutsen. Sai fartanyar nan ta miƙe ta zama bakwai. Tara kuma ta zama shida. Sittin da bakwai.

Na tsaya.  Masu awo a kan hanya suka tsaya suka yi rubutunsu, ba su shiga zauren kowa ba. Sai maganar malama ta dawo mini, ranar da ta juya allo ƙasa ta bisa ta ce mu yi hankali da shida da tara, ƴan biyu ne masu musayar riga, takwas kuwa duk yadda aka juya shi yana nan, shi ya sa mai hankali ke ja musu layi a ƙasa. A ranar mun ɗauka wasa ne.

In Inna sittin da bakwai ce, mai bi mata fa?

Ban yi gudu ba, ban saba ba, amma ban san lokacin da na iso ƙofarmu ba. Na tsaya ta wajen hanya. Shida, sannan takwas.

Maigida ya riga ya cire ƙyauren ya jingine shi a bango, yana share gumi. Na ce, “Malam, dakata. Zo ka tsaya nan.” Ya zo. Na nuna masa ta nan, na zagaya da shi na nuna masa ta can. Ya daɗe yana kallon dutsen.

“Wancan mako tamanin da tara, yau sittin da takwas. Gobe kuma nawa za ta zama?”

“Ni na yi kuskure. Ta baya na karanta.”

“Kin tabbata yanzu ba ta bayan kike karantawa ba?”

“Ta Inna ce shaida. Bakwai ba ya tsayuwa da ka.”

Inna ta biyo ni da kasko a hannu. Ta ce, “Au, ashe dai sai da kika karanta mini, maras jin magana. To nawa ne? A'a, bari, kar ki faɗa. Ina ciki ko ba na ciki?” Na ce iyakar sanina ba ta ciki. Ta ce dama ta sani, wa zai yi hanya ta kan kajinta.

Maigida ya ce ba zai mayar da ko ƙusa ɗaya ba sai ya ji daga bakin masu abin. Muka bar gida ba ƙyaure, Inna na gadi, muka hau kabu-kabu zuwa buro. Wannan karon na shiga. Na yi wa ma'aikacin bayani, na nuna masa kayena. Ya warware wata babbar takarda mai zanen unguwarmu, ya bi da bakin bik har ƙarshen jeri, ya tambayi sunan maigida, ya duba wani littafi. Ya ce sittin da takwas, kusa da gona, ba abin da ya shafe ku. Da ya gane yadda aka yi ya yi dariya, amma ba ta wulaƙanci ba. Ya ce, “Hajiya, da kin shigo tun ranar farko ai da kin huta.” Na ce haka ne. Ban je Makka ba, amma ban gyara masa ba.

A ƙafa muka komo. Maigida na gaba yana ta girgiza kai yana murmushi, can ya waiwayo ya ce saura kwana biyu karatuna ya kwashe mana rufi. Na ce karatun ne kuma ya mayar da shi. Ya ce to, an yi kunnen doki.

Hanyarmu ta bi ta tsakiyar unguwa. Nan na ga wani gida an sauke rabin rufinsa, wata mata tana ɗaure tukwane a zane, yara zaune kan buhuna. Ban so dubawa ba, amma na duba, daga wajen hanya. Takwas da tara. Kwana goma na ɗauki lambarta a ƙirjina, na san nauyinta. Na yi mata sannu, ta amsa, ta ce an nuna musu sabon filin, ba laifi, sai dai nisan ruwa. Maigida ya ce mata in sun tashi kwashe kaya a aiko, amalankensa na nan. Daga nan har gida ba wanda ya sake yin dariya a cikinmu.

Kafin magariba ya mayar da ƙyaure. Ya ɗan karkace, har yau sai an ɗaga shi yake rufuwa.

Da gari ya waye na yaye tabarmar da ke kan ƙasar yaɓe. Ta yi tauri kamar dutse. Na farfasa ta da taɓarya, na zuba ruwa tulu uku, na tattake ta da ƙafa har ta yi laushi, ragowar ruwan na kai wa zogale. Kafin in ɗora hannu a bango na ɗauki tsohuwar ƙusa cikin waɗanda maigida ya cire, na fita na tsuguna ta wajen hanya, na karta layi mai zurfi a ƙarƙashin shida da takwas. Sannan na je karɓo akuyata, na tarar ta riga ta fara cin gefen tabarmar Inna.