A Buɗe wa Tata Dumile Ƙofar Fili

Ku da kuke cika filin zari-ruga na Dikeni duk Asabar, ina tambayarku: wa ya tafa wa Koci Dumile Ntsabo ranar da ya bar ƙungiyarmu? Kada ku wahalar da kanku wajen tunani. Babu ko ɗaya. Ta ƙofar baya ya fita, jakarsa a kafaɗa.

Tata Dumile, wato Baba Dumile a harshenmu, ya rasu ranar Litinin, tara ga Yuni, bayan jinyar ciwon zuciya. Asabar mai zuwa za a binne shi.

Tata, ina cikin ɗaruruwan da suka bi ta hannunka. Ka yi ƙuruciya a zamanin da launin fatarka ya hana ka sa rigar ƙungiyar ƙasa, alhali babu mai wuyanka a turereniyar 'yan gaba. Ba ka zauna ƙorafi ba. A makiyaya ka fara horar da 'yan ƙauye, sai an kora shanu a kafa sandunan gola. Daga nan ka hau har ka zama kocin lardi, sannan ka dawo gida ka ɗago ƙungiyarmu daga ƙasa. Wanda ya zo atisaye da yunwa, gidanka kakan tura shi, matarka Mama Nosapho ta cika masa kwano da masara da wake. Wanda ya yar da ƙwallo kuwa, kakan tambaye shi ko man shanu ya shafa a hannu, ko budurwarsa ce ya hango cikin 'yan kallo.

Abu ɗaya ne ba ka wasa da shi. In an tashi wasa, a ja layi biyu a bakin fili, abokan karawa su ratsa ta tsakiya ana tafa musu, sannan su ma su yi mana. Kakan ce wanda ya ba ka jikinsa ka daka ba ya tafiya shiru.

Ranar wasan ƙarshe na kofi, Luxolo, wanda ya fi kowa gudu a cikinmu, ya bugu a ka, ya miƙe yana tangaɗi. Ka fitar da shi. Shugaban ƙungiya, Mista Poswa, ya sauko daga rumfar manya yana cewa a watsa masa ruwa a mayar da shi. Ina kusa, na ji amsarka: "Ɗan'uwa, kofi ana yin wani baɗi. Uwar yaron nan ba za ta sake haifar wani Luxolo ba." Aka ci mu. Muna hawaye ka jera mu, muka tafa wa waɗanda suka ɗauke kofin. Kafin wata ya fita aka sallame ka. Luxolo yana nan lafiya, yau shi ke neman ya ɗauki gaban akwatin gawarka.

Abin da muka roƙa kaɗan ne: ranar Asabar a ratsa da gawarka ta fili, mu ja layi biyu, mu tafa maka tafin da aka hana ka. Mista Poswa ya aiko cewa an dasa sabuwar ciyawa, kuma Lahadi akwai wasan da za a nuna a talabijin, ƙofa za ta zauna a kulle. Ciyawar da ƙarti talatin za su tumurmusa da takalman ƙusa washegari, ita ce ba za ta jure ƙafafun masu ɗaukar gawa ba.

Allah ya jiƙanka, Tata, ya sa ka huta. Mama Nosapho, da 'ya'ya da jikoki, da duk dangin Ntsabo, Allah ya ba ku haƙuri, ya tsaya muku.

Kai kuma Mista Poswa, ba ma son saƙo ta bakin sakatare. Ka fito gaban jama'a kafin Asabar, ka faɗa da bakinka, Mama Nosapho tana ji: za ka buɗe ƙofar, ko a kan titi za mu ja layin, kana kallonmu ta cikin shingen waya?